Yadda Ake Gina Dutsen Lu'ulu'u Mai Hatsari a Labarin Almara

Masu rubuta labaran yaƙi da na almara suna son wuri mai ban tsoro, kuma suna da gaskiya, domin labarin da babu inda ake shakkar zuwa a cikinsa ba ya riƙe mai karatu. Inda gizo ke saƙa shi ne, sau da yawa wurin suna ne kawai. Za a ce akwai wani dutsen lu'ulu'u a bayan daji na bakwai, aljanu dubu ke gadinsa, duk wanda ya je ba ya dawowa. Sai jarumi ya je, ya yi ta sara da suka, ya dawo ko ƙwarzane babu. Gaban mai karatu bai faɗi ba ko sau ɗaya, saboda ba a nuna masa yadda dutsen ke kisa ba, ba a nuna masa wanda ya taɓa kashewa ba, ba a kuma gaya masa abin da ya hana mutanen yankin tattara komatsansu su bar masa ƙasar ba.

Ga hanyar gina irin wannan wuri tun daga tushe. Zan riƙa kafa misali da wani dutse da na ƙirƙira saboda wannan darasi, wanda mutanen yankinsa ke kira Kaka. Kai naka za ka gina, amma ka bi matakan a jere, don kowane yana hawa ne a kan na bayansa.

Mataki na 1: Fara da abin da dutsen ke bayarwa

Kafin ka yi tunanin yadda yake cutarwa, ka tsayar da abin da mutane ke samu a wurinsa, kuma ya zama abin da ba za su iya rayuwa babu shi ba. Dukiya ba ta isa ba, don mai hankali zai iya haƙura da dukiya. Dubi labarin rijiyar Kusugu ta Daura. Macijin da ke ciki ya hana ɗibar ruwa sai ranar Juma'a, duk da haka garin bai tashi ba, saboda ruwan nan shi ke riƙe da shi. Da a ce macijin yana can cikin wani kogo da babu mai buƙatarsa, da babu wanda zai tuna da Bayajidda a yau.

Kaka tana tsaye a tsakiyar wani fako da babu rijiya a cikinsa, tafiyar kwana uku ta kowace kusurwa. Da dare jikinta yana tara raɓa, kamar yadda sabuwar randa ke gumi, ruwan ya gangaro ya taru a wani kwarmi a gindinta. Shi ne ruwan shan gari guda da na duk ayarin da ke ratsa fakon.

Mataki na 2: Kafa doka ɗaya

Rubuta hatsarin a jimla guda. In ya ƙi shiga jimla guda, bai nuna ba tukuna. Dutsen da ke ƙonawa, yana haukatarwa, yana mayar da mutum biri, yana kuma kiran aljanu, mai karatu zai gane cewa duk abin da marubuci ya ga dama shi zai faru, daga nan tsoro ya fita.

Dokar Kaka ita ce: duk wanda inuwarsa ta faɗa a jikinta, inuwar ta zauna ke nan, shi kuma ƙishirwar da ruwa ba ya kashewa za ta kama shi har ya mutu cikin kwana 40.

Yanzu ka zauna ka yi wa dokar tambayoyi irin na mai neman kuskure. Inuwar dabba fa? A wurina tana kamawa, shi ya sa babu tsuntsu ko ɗaya a yankin. Inuwar hannu kawai? Tana kamawa, sai dai mutuwar takan ja lokaci. Hasken taurari? Bai kai ya fitar da inuwa ba. Fitila, wata, walƙiya? Duk suna fitarwa. Ka rubuta amsoshin nan ka ajiye, kada ka sauya su don kawai jaruminka ya shiga tsaka mai wuya a babi na 30.

Mataki na 3: Ba shi jiki daga duwatsun gaske

A nan mafi yawan rubutu ke yin rauni, don ana cewa "yana ƙyalli yana ɗaukar ido" a wuce. Duwatsu masu ƙyalli ba iri ɗaya ba ne, kowane da siffarsa da halinsa, kuma in ka aro daga na gaske, ƙagaggen naka zai yi nauyi a zuciyar mai karatu.

Gishiri yana fitowa da kusurwa huɗu a kowace fuska, ka zuba ƙwayoyinsa a tafin hannu ka duba da kyau za ka gani. Farin dutsen ƙanƙara, wanda masana ke kira kwaz, yana tashi da gefe shida da tsini a ka. A ma'aunin taurin duwatsu da wani masanin duwatsu mai suna Friedrich Mohs ya tsara a 1812, daga 1 zuwa 10, kwaz yana mataki na 7: yana karce gilashi, wuƙar ƙarfe kuma ba ta karce shi. Saboda haka in dutsenka irinsa ne, kada jarumi ya zana sunansa a jiki da tsinin takobi. In ya fashe, bakinsa yana da kaifin da zai yanka ƙafa. Akwai kuma wani hali nasa da ya yi mini amfani ƙwarai: in ka goga guda biyu da ƙarfi a cikin duhu, wani ɗan haske yana tashi daga cikinsu. Daga nan na samo dokar cewa ba a kai ƙarfe kusa da Kaka, domin ƙwanƙwasa ɗaya ta isa ta haska, haske kuma inuwa yake haifarwa.

In kana son ganin yadda wuri mai kyau ke zama makashi, karanta labarin kogon Naica da ke jihar Chihuahua a ƙasar Meziko. A shekarar 2000 masu haƙar ma'adinai suka faɗa cikinsa a zurfin kusan mita 300, suka tarar da ginshiƙan dutsen jibsam masu haske, wasu tsawonsu ya haura mita 10. A wancan lokacin zafin cikin kogon yana kaiwa digiri 58, iskar kuma cike take da danshi, don haka gumi ba ya bushewa balle ya sanyaya jiki. Wanda ya shiga babu kayan kariya, mintuna kaɗan zai iya jurewa. Abin mamaki, ginshiƙan da kansu masu taushi ne, mataki na 2 suke, farce ma yana karce su. Ka lura da wannan: babu dodo a Naica, yanayin da ya haifi kyan shi ne yake kisa.

Akwai gwajin da zan so kowane marubuci ya yi a gida. Ka narka alif, irin wanda ake tace ruwa da shi, a cikin ruwan zafi har ya daina narkewa. Juye ruwan a kofin gilashi mai tsabta, ka rataya zare a ciki, ka rufe da takarda ka ajiye inda ba za a girgiza ba. Bayan 'yan kwanaki ƙwayoyi za su kama zaren. Ɗauki mafi girma ka fita da ita rana, ka juya ta a hankali, ka ga yadda fuska ɗaya ke haskawa sauran na duhu, da yadda akwai gajimare da tsaga a cikinta. Ka sake dubanta a hasken fitila. Abin da idonka ya gani shi za ka rubuta.

Mataki na 4: Auna tsawo da nisa

Ba sai ka sa lissafin a labari ba, amma kai ka san shi. A shimfiɗaɗɗiyar ƙasa, in iska a washe take, abin da ya kai tsawon mita 100 ana hango kansa daga nisan kilomita 40 ko kusa da haka, wato kimanin tafiyar yini ɗaya ta ayarin raƙuma. Ke nan in Kaka ta kai haka, matafiya za su wuni suna kallonta kafin su iso, kuma wannan yinin na tsoro babi ne guda a hannunka. Da hunturu kuwa hazo zai ɓoye ta, mutum ya matso bai sani ba.

Sannan ka bar dokar ta zana maka taswira. Da sassafe da kuma dab da faɗuwar rana inuwar mutum tana miƙewa ta ninka tsawonsa sau da yawa. Wanda ya tsaya gabas da dutsen da safe, inuwarsa tana nufarta. Wanda ya tsaya yamma da ita da la'asar sakaliya, haka. Don haka babu gida ko ɗaya a gabas ko yamma. Garin yana kudu, zangon fatake yana arewa, kuma hanyar da ta haɗa su ta yi kwana mai nisa, ba a bin ta sai rana ta take tsaka.

Wata shi ne agogonka. A farkon wata, jinjirin yana faɗuwa da wuri, sauran daren duhu ne. Bayan ya cika, kullum yana jinkirin fitowa da kusan minti 50, don haka duhun yana farkon dare. A tsakiya, wajen 13 zuwa 15, dare fari ne tas, babu mai zuwa ɗibar ruwa, sai abin da aka tara. Ka ga tun ba ka ƙirƙiri mugu ba ka riga ka sami kwanakin ƙishirwa a kowane wata, da kuma dararen da mai ɗibar ruwa ke tsere da fitowar wata.

Mataki na 5: Zaunar da mutane a gefensa

Wannan shi ne matakin da ya fi kowane muhimmanci, kuma ina roƙonka ka daɗe a kansa. Mai karatu ba dutse yake ji wa tsoro ba, fuskokin waɗanda ke zaune kusa da shi yake kallo.

Tambayi kanka: wa dokar ta ɗaukaka? In ba a ɗibar ruwa sai a baƙin duhu babu fitila, to wanda ya saba tafiya babu haske shi ne gwani. A garin Kaka makafi ne masu ruwa. Sarkin Makafi yana zama a fada dab da sarki, babu ayarin da zai tashi sai ya sallame shi, kuma gidan da aka haifi makaho ana zuwa barka ta musamman. Sarautar Sarkin Makafi sananniya ce a ƙasar Hausa, abin da na yi kawai shi ne na ɗora mata ikon da yanayin wurin ya wajabta. Daga nan sai rikici ya tsiro da kansa: masu ido da ke jin haushin sayen ruwa, sarkin da ke tsoron wanda ya fi shi riƙon gari, uwa matalauciya da shaiɗan ke raya mata wani mugun tunani game da idon jaririnta.

Bi sauran sana'o'i ɗaya bayan ɗaya. Magina tukwane suna da daraja, don kowane gida sai da manyan randuna na kwanakin farin wata. Dukawa na ɗinka salka, masu gyartai na gyaran ƙwarya, domin da su kaɗai ake ɗiba. Maƙera an kore su can ƙarshen gari. Akwai igiya da aka ɗaure a turaku daga ƙofar gari har gindin dutsen, da ƙulli a kowane taki 100, masu ɗiba na ƙirgawa da hannu. Akwai dogarai da aikinsu kawai kashe wuta bayan isha'i a unguwannin da ke fuskantar ta. Damina, wadda ko'ina ake murna da ita, a nan fargaba ce, saboda walƙiya ɗaya na iya kama layin mutum 20 a lokaci guda.

Sai suna. Mutane ba sa kiran abin da suke tsoro da sunansa na yanka. Mu kanmu da dare mukan ce igiyar ƙasa, mukan ce mutanen ɓoye. Ba dutsenka suna biyu ko uku: na girmamawa da 'yan gari ke faɗa, na izgili da baƙi ke faɗa kafin su gani da ido, da na asali da tsofaffi kaɗai suka sani. Yi masa kirari gajere da makaɗa ke yi, da waƙar da iyaye mata ke tsoratar da yara da ita. Kuma ka sa masa mai shiga tsakani, kamar yadda tarihin Kano ya nuna Barbushe shi kaɗai ke shiga katangar Tsumburbura a zamanin da ake bautarta a kewayen Dala. Duk wurin da mutum ɗaya ne ke da izinin shiga, akwai tambayar ko gaskiya yake faɗa wa jama'a game da abin da ke ciki.

Mataki na 6: Bari hatsarin ya biyo mutane gida

Muddin dutsen yana can nesa, wanda ya zauna a gida ya tsira, labari kuma ya tsaya. Dole wani ya ɓallo ɗan guntu.

A 2010 gubar dalma ta kashe yara sama da 400 a ƙauyukan Zamfara, irin su Bagega da Dareta da 'Yargalma. Duwatsun da ake haƙowa don neman zinariya ana kai su cikin gidaje ana niƙawa, ƙurar ta zauna a tsakar gida inda yara ke rarrafe. Waɗanda suka fi mutuwa ƙanana ne da ba su taɓa zuwa ramin haƙa ba. Ban kawo wannan don a mayar da makokin mutane kayan nishaɗi ba, na kawo shi ne don marubuci ya san yadda irin wannan bala'i yake tafiya a zahiri: wanda ya ɗauko daban, wanda ya biya daban, kuma wanda ya ɗauko ba mugu ba ne, talauci ne ya tura shi.

A labarin Kaka, wani saurayi mai neman kuɗin aure ya ɓallo ɗan tsinke ya sayar wa bafatake. Aka yi dutsen sarƙa da shi a wani birni mai nisa, amarya ta rataya, ta zauna gaban fitila tana shayar da ɗanta. Mutanen birnin ba su san dokar ba, mai karatu kuwa ya sani. Wannan tazarar ita ce ke hana shi ajiye waya ya yi barci.

Mataki na 7: Asali, da maganar imani

Kada ka bayar da labarin asali guda ɗaya tun a shafin farko. Makafi su ce hawayen wata sarauniya ne, fatake su ce daga sama ya faɗo, malamin gari ya ce halitta ce kamar wuta da dafin kunama, Allah ya sa mata hali, babu abin bauta a cikinta. Yawancin masu karatunka Musulmi ne, kuma kai ma za ka so bakin mai ba da labari ya kuɓuta daga jingina wa dutse ikon kansa. Masu yi masa yanka su kasance a labarin, a nuna dalilin tsoronsu, a kuma nuna yankan bai taɓa dawo wa kowa da inuwarsa ba. In jaruminka zai yi addu'a, ya haɗa da riƙo da sababi: ya san kwanan wata, ya cire zobensa, ya koyi ƙirga ƙulli.

Mataki na 8: Shigo da shi cikin labari

Nuna wanda dutsen ya kama kafin ka nuna dutsen kansa. Misali, baƙuwa ta shigo kasuwa da hantsi, ta ga wani mutum zaune gindin bango yana kwankwaɗar ruwa, matarsa na tsaye da tulu tana ƙara masa, leɓɓansa duk sun tsattsage. Tulun yana da inuwa, matar tana da inuwa, shi ƙasan gefensa fayau. Masu wucewa suna yi wa matar gaisuwar rashi alhali yana ji. Kada ka yi bayani, bari baƙuwar ta tambaya a ƙi ba ta amsa.

In lokacin zuwa wurin ya yi, tuna cewa cikin duhu ake zuwa, don haka ido ba shi da aiki. Yi rubutu da kunne da fata da tafin ƙafa. Ga ɗan samfuri, yarinya mai ido ta bi kawunta makaho a karon farko:

"Kawu, na ji sanyi a fuskata."

"To kin iso. Durƙusa, 'yar nan. Miƙa ƙwaryar a hankali har ki ji ruwa."

Ta laluba. Ƙasan santsi ne, ga wani sauti siriri na ɗigar ruwa daga can sama.

"Kin cire awarwaron?"

"Tun a gida, Kawu."

"'Yan kunnen fa?"

Ba ta amsa ba. Ya ji numfashinta ya sauya.

"Kada ki ɗaga kai," ya ce, muryarsa ƙasa ƙasa. "Kada ki juya. Ja da baya da gwiwa, ina riƙe da zanenki."

Babu aljani a wurin nan, babu takobi, ɗan kunne ne kawai da doka da mai karatu ya riga ya haddace.

Mataki na 9: Yanke shawarar ƙarshensa tun da wuri

Hannu zai yi ta ƙaiƙayin sa jarumi ya farfasa dutsen. Kafin ka yarda, bi dokarka har ƙarshe. In ya fashe, ruwan gari ya ƙare, makafi sun koma bara a rana ɗaya, ga dubban tsinkaye warwatse a cikin yashi, kowane yana kama inuwa, iska na kai ƙurarsu gonaki. In ka zaɓi hakan, to littafi na biyu ke nan, kuma jaruminka ne sanadi. Akwai wasu mafita da suka fi wuyar rubutawa amma suka fi daɗin karatu: a haƙa rijiya mai zurfi shekara da shekaru har gari ya daina dogara da dutsen, masu cin moriyarsa suna zagon ƙasa, ko a gina masa rufi, a rasa magina da yawa wajen aikin, ko a gano hanyar karɓo inuwa ɗaya tak, amma sai wani ya bayar da tasa.

Da yake yawancinmu babi babi muke sakin labari a WhatsApp ko Wattpad, mantuwa tana da sauƙi, masu karatu kuma ba sa mantawa. Ware shafi ɗaya a littafin ajiyarka, ka rubuta dokar da amsoshin mataki na 2, taswirar gari da inda igiya ta bi, sunayen duk waɗanda dutsen ya kama da ranar da ya kama su, da kwanan watan da kowane babi ya faɗa. Kafin ka tura sabon babi, duba abu uku a shafin: nawa ga wata a daren nan, wa ke ɗauke da ƙarfe, kuma kwana nawa ya rage wa wanda aka kama a baya.